Tambayoyi da Amsoshi Kan Ɗora Wine a Slax, Tsarin Linux da Ake Yawo da Shi a Filas

Waɗannan tambayoyi sukan fito ne daga bakin mutanen da suka saka Slax a filas, suka ji daɗin yadda suke tayar da kwamfutar da duk suka samu da shi, daga baya kuma suka tarar akwai wata manhajar Windows ɗaya ko biyu da aikinsu ba ya tafiya sai da ita. Wine ne ke ba su damar kunna irin wannan manhaja a Linux. Amsoshin sun fi karkata ga Slax 11 da Slax 12, waɗanda aka gina a kan Debian, ɗaya daga cikin manyan tsare-tsaren Linux, domin su ne suka fi sauƙin sha'ani a wannan aiki, amma an yi nuni a wuraren da Slax 15 da Porteus, wani tsarin Linux na filas makamancinsa, suka sha bamban. Kusan duk bayanin yana komawa ne ga ƙa'ida ɗaya: Wine kansa a kulle shi a ƙunshin da ba a rubutu a cikinsa, manhajojin Windows da saitunansu kuwa a ba su wani wuri dabam inda za su riƙa canzawa.

Mene ne Slax, kuma me ake nufi da ƙunshi a cikinsa?

Slax ƙaramin tsarin Linux ne wanda Tomáš Matějíček, ɗan Jamhuriyar Cek, ya fara fitarwa tun farkon shekarun 2000. Da farko a kan Slackware, wani daɗaɗɗen tsarin Linux, aka gina shi, a 2017 ya koma kan Debian da fitowar Slax 9, a 2022 kuma aka dawo da reshen Slackware da sunan Slax 15, ya zama ana tafiya da rassan biyu tare. Girmansa duka bai kai rabin gigabait ba, kuma ba ya buƙatar a girka shi a faifan ajiyar kwamfuta: ana kwafar foldar slax a saka a filas, a kunna bootinst.bat daga Windows ko bootinst.sh daga Linux, filas ɗin ya zama abin tayar da kwamfuta.

Wanda ya buɗe foldar slax/modules zai ga wasu fayiloli ƙalilan masu ƙarewa da .sb, kamar 01-core.sb da 02-xorg.sb da 03-desktop.sb. Kowane ɗayansu shi ne ƙunshi, wato tarin foldoji da fayiloli da aka matse wuri guda da tsarin SquashFS, wanda ake karantawa kawai ba a rubutu a cikinsa. Lokacin tashi, Slax yana jera su bisa lambobin sunayensu, ya haɗe su ta wata dabara mai suna AUFS su zama tsari ɗaya, kamar a shimfiɗa tabarma a kan tabarma: inda ta sama ta rufe, ita ake gani, inda ba ta kai ba kuwa ana ganin ta ƙasa. A can sama da su duka akwai shimfiɗar canje-canje, wadda ita kaɗai ce ke karɓar rubutu. Ɗora Wine a matsayin ƙunshi yana nufin ƙara tabarma ɗaya a wannan jeri.

Shi Wine ɗin fa, mene ne aikinsa, kuma ina ya samo wannan suna?

Wine tafinta ne tsakanin manhajar Windows da Linux. Manhajar da aka rubuta domin Windows ba ta magana da na'ura kai tsaye a yawancin ayyukanta. Idan tana son buɗe fayil ko zana taga ko fitar da sauti, tana miƙa buƙatarta ne ga ɗakunan karatun Windows irin su kernel32.dll da user32.dll. Masu gina Wine sun sake rubuta waɗannan ɗakunan karatu da hannunsu, ta yadda idan buƙatar ta zo, sai a juya ta zuwa abin da Linux yake fahimta. Lissafin manhajar kuwa furosesa ce ke gudanar da shi kai tsaye, shi ya sa manhajar da ta dace da Wine ba ta yin nauyin da take yi a cikin kwamfutar kwaikwayo irin ta VirtualBox, kuma ba a buƙatar kwafin Windows ko kaɗan.

Bob Amstadt da Eric Youngdale ne suka fara aikin a 1993, Alexandre Julliard ya karɓi jagorancinsa a 1994, amma sai a watan Yunin 2008 aka fitar da Wine 1.0, bayan shekara 15 ana aiki, abin da ke nuna girman wahalar bin sawun Windows ba tare da ganin cikinsa ba. Daga 2017 zuwa yau ana fitar da babbar siga kowane watan Janairu.

Game da suna, tambaya ce da ta cancanci amsa a fili. Haruffan farko ne na jimlar Wine Is Not an Emulator, wadda ke nufin cewa Wine ba makwaikwayin na'ura ba ne. Gaskiya ne kalmar ta yi daidai da sunan giyar inabi a Turanci, kuma tambarin aikin hoton kofin gilashi ne saboda wannan dacewar, amma manhajar ba ta da wata alaƙa da abin sha.

Ba zan iya sauke ƙunshin da wani ya riga ya haɗa ba, in huta?

A zamanin Slax 5 da Slax 6 haka ake yi, har ma akwai wata fitowar Slax 5 da ta zo da Wine a cikinta. Yanzu shawarata ita ce kowa ya haɗa nasa. Ƙunshi yana dogara da ɗakunan karatun da ke ƙasansa, saboda haka wanda aka haɗa a kan Slax 11 ba a sa ran ya yi aiki daidai a Slax 12, na Porteus mai ƙarewa da .xzm kuma ba ya zama na Slax don kawai an canza masa suna, ko da yake dukansu SquashFS ne. Dalili na biyu ya fi wannan nauyi: ƙunshi yana iya rufe kowane fayil na tsarin, har da na kalmomin sirri, don haka saka ƙunshin da ba a san wanda ya haɗa shi ba daidai yake da miƙa wa baƙo makullin gida.

Me ya kamata in tanada kafin in fara?

Ana buƙatar intanet mai ɗorewa, domin abin da za a sauke ya kai ɗaruruwan megabait, sannan kwamfuta mai RAM aƙalla gigabait 4, saboda idan aka tashi ba tare da ajiye canje-canje ba, duk abin da aka girka a RAM yake zama, kuma Wine mai ɗauke da ɓangarorinsa biyu, na bit 32 da na bit 64, yakan haura gigabait ɗaya idan aka warware shi. Filas mai gigabait 16 zuwa sama ya fi, musamman na USB 3.0. Wannan nauyi na ranar haɗa ƙunshin ne kawai. Da zarar an gama, ƙunshin zai yi aiki a kwamfutar da ba ta kai wannan ƙarfi ba, kuma ba tare da intanet ba.

To yaya ake haɗa ƙunshin daga farko zuwa ƙarshe?

Mataki na farko shi ne a tayar da Slax sabo fil. Idan tambarinsa ya bayyana, akwai daƙiƙu kaɗan da za a danna Esc, jerin zaɓuɓɓuka ya fito, sai a ɗauki wanda ba ya ɗauko canje-canjen baya. Lafazin zaɓin ya bambanta daga fitowa zuwa fitowa, amma manufar ɗaya ce. Bayan an haɗa intanet, sai a buɗe tagar umarni a shaida wa tsarin cewa za a karɓi fakitoci, wato manhajojin da ake girkawa da umarnin apt, masu bit 32 ma, sannan a sabunta jerin fakitoci:

dpkg --add-architecture i386

apt update

Daga nan sai a girka Wine da ɓangarorinsa biyu, tare da ƙananan abubuwan da za a buƙata nan gaba:

apt install wine wine64 wine32:i386 fonts-wine fonts-dejavu cabextract x11-xserver-utils

Allon zai cika da sunayen fakitoci masu ƙarewa da i386, ya nemi amincewa, sannan ya ɗauki lokaci yana saukewa da warwarewa. Idan ya gama, abin da ya halatta a gwada shi ne wine --version kawai, wanda a Slax 12 zai nuna wine-8.0, a Slax 11 kuma siga ta 5.0, domin su ne Debian 12 da Debian 11 suke ɗauke da su. Kada a buɗe wata manhajar Windows a wannan mataki, kada kuma a taɓa winecfg, wato tagar saitin Wine, dalilin yana zuwa a ƙasa. Sai a share fakitocin da aka sauke, a matse abin da ya rage:

apt clean

savechanges /tmp/10-wine.sb

Umarnin savechanges yana kwashe duk abin da ke cikin shimfiɗar canje-canje, in ban da wasu fayilolin wucin gadi, ya mai da shi ƙunshi. Matsewar tana cin lokaci, fankar kwamfuta za ta tashi, lambobin ci gaba su riƙa tafiya a hankali. A bar shi ya gama. Bayan haka a kwafi 10-wine.sb zuwa foldar slax/modules ta filas ɗin, wadda daga cikin Slax ake samunta a /run/initramfs/memory/data/slax/modules. Wanda ya tashi da zaɓin kwafe komai zuwa RAM ya kula, gara ya buɗe filas ɗin ta manhajar duba fayiloli ya saka ƙunshin da hannunsa, don kada ya ajiye shi a RAM ya ɓace da kashe kwamfuta. Lambar 10 a farkon sunan ita ce ke sa ƙunshin ya hau saman na asali. A tashi na gaba, Wine yana nan kamar da shi aka zo.

Wanda ba ya son Wine ya riƙa hawa kullum yana iya ajiye ƙunshin a wata folda dabam, ya kira shi lokacin buƙata da slax activate tare da adireshin fayil ɗin.

Me ya sa aka nace sai an tashi sabo fil?

Saboda savechanges ba ya tantance abin da mutum yake nufin ajiyewa, duk abin da ya tarar a shimfiɗar canje-canje kwashewa yake yi. Ƙunshina na farko na haɗa shi ne a kan zaman da na yi makonni ina aiki da shi, na kuma ba wani abokin aiki ya kwafa. Da ya tayar da nasa filas ɗin a ofis, sai kwamfutarsa ta haɗu da Wi-Fi ɗin wurin da kanta ba tare da ta tambaye shi kalmar sirri ba, a manhajar shiga intanet kuma ya tarar da shafukan da na ziyarta. Mutum ne mai amana, ya sanar da ni nan take, amma tun daga ranar ba na haɗa ƙunshi sai a kan zama mai tsabta. Ko a zama mai tsabta ma, kalmar sirrin Wi-Fi ɗin da aka shigar domin saukewa tana iya shiga ciki, saboda haka wanda zai raba ƙunshinsa ga wasu gara ya yi amfani da intanet mai igiya, ko ya warware ƙunshin da sb2dir ya duba abin da ke ciki, ya cire abin cirewa, ya sake matse shi da dir2sb.

Ina da Slax mai bit 64, me zan yi da wine32?

Ɗimbin manhajojin Windows masu bit 32 ne har yanzu, kuma ko waɗanda suke bit 64 sau da yawa fayil ɗin girka su bit 32 ne. Idan babu wine32, Debian zai fitar da saƙon cewa ya ɓace, manhajar kuma ta ƙi buɗewa. Wine 9.0 na Janairun 2024 ya zo da sabuwar hanyar WoW64 da ke gudanar da manhajoji masu bit 32 ba tare da ɗakunan karatun Linux masu bit 32 ba, amma wanda ke kan siga ta 8.0 bai kai nan ba, sai ya bi tsohuwar hanya.

A nan ne Slax 15 da Porteus suke da wuya, domin Slackware mai bit 64 ba ya zuwa da ɓangaren bit 32, sai an ƙara masa fakitocin multilib da Eric Hameleers yake kula da su. Mai tsohuwar kwamfuta kuwa yana da mafita mai sauƙi: ya ɗauki Slax mai bit 32, ya girka wine kawai, ƙunshin ya fito ƙarami, sai dai ba zai buɗe manhajoji masu bit 64 ba.

Ina manhajojin Windows ɗin da zan girka za su zauna?

Wannan ita ce tambayar da ta fi kowace muhimmanci, kuma a nan ne yawancin mutane suke tuntuɓe. Karo na farko da aka kunna Wine, wata ƙaramar taga takan bayyana tana cewa ana sabunta saitin Wine, fitilar filas ta riƙa ƙyaftawa ba tsayawa na ɗan lokaci. Abin da ke faruwa shi ne Wine yana gina wa kansa gida, wanda in ba a faɗa masa wani wuri ba zai zama ɓoyayyiyar folda mai suna .wine. A cikinta akwai drive_c, wadda manhajar Windows take ɗauka a matsayin C:, akwai fayilolin rajista guda uku, system.reg da user.reg da userdef.reg, akwai kuma dosdevices, inda ake ajiye alamomin nuni masu cewa harafi kaza yana nufin folda kaza.

Wannan gida kullum cikin canzawa yake. Idan ya shiga cikin ƙunshin Wine, to ya daskare: duk wani gyara zai riƙa taruwa a samansa a shimfiɗar canje-canje, kuma ranar da aka sauya ƙunshin da sabo, rabin gidan zai tafi ya bar rabi. Shi ya sa aka hana kunna winecfg kafin savechanges.

Akwai wurare biyu da suka dace da shi. Na farko shi ne a bar shi a inda Wine ya gina shi tun farko, cikin foldar mai amfani da tsarin, a riƙa tashi da zaɓin ajiye canje-canje. A filas mai tsarin FAT32, Slax yana zuba canje-canjen ne cikin fayil mai suna changes.dat, wanda cikinsa tsarin Linux ne, saboda haka komai yana aiki, sai dai a tsofaffin fitowa iyakarsa gigabait 4 ne, sababbi ne suka ɗaga iyakar. Na biyu, wanda na fi so, shi ne a yanka wa filas ɗin ɓangare na biyu mai tsarin ext4, a nuna wa Wine wurin da kalmar WINEPREFIX, misali WINEPREFIX=/mnt/aiki/gidan-wine. Da haka ko an tashi sabo fil, manhajojin suna nan, kuma ana iya yi wa kowace babbar manhaja gidanta, ta yadda gyaran da aka yi wa ɗaya ba zai ɓata wata ba. Sai dai a kiyaye: idan aka soka filas ɗin a Windows 10 ko 11, zai iya cewa ɓangaren na buƙatar a goge shi a sake tsara shi, domin bai san ext4 ba. Kada a amince.

Abin da ba ya yiwuwa shi ne ajiye gidan kai tsaye a kan FAT32 ko exFAT, domin waɗannan tsare-tsare ba su san alamomin nuni ba, ba su kuma rubuta sunan mai fayil, alhali Wine yana ƙin taɓa gidan da ba na mai kunna shi ba ne.

An ce kada a kunna Wine a matsayin root, ga shi Slax da root yake buɗewa. Yaya ke nan?

Gargaɗin gaskiya ne, masu Wine da kansu suke yinsa, kuma Slax ya sa bin sa ya ɗan yi wuya. Manhajar da aka kunna da ikon root, wato asusun da ke da cikakken iko a Linux, tana iya taɓa komai, har da faifan ajiyar kwamfutar da aka ara aka soka filas a jikinta, wanda amanar wani ne. Slax yana zuwa da asusu na biyu mai suna guest, kuma da shi ya kamata a yi aikin. Ana fara ba shi izinin buɗe taga, sannan a koma cikinsa:

xhost +si:localuser:guest

su - guest

export DISPLAY=:0

wine winecfg

Idan gidan Wine yana kan ɓangaren ext4, sai an mallaka wa guest foldar da umarnin chown tukuna. Wanda ya rubuta waɗannan layuka a ƙaramin fayil ɗin umarni sau ɗaya ya huta da maimaita su. Porteus ya fi sauƙi ta wannan fuska, domin shi da guest yake buɗewa tun asali.

Waɗanne manhajoji ne suke aiki, waɗanne ne ba sa yi?

Kafin a ɓata lokaci, a duba sunan manhajar da lambar sigarta a AppDB na shafin WineHQ, inda masu gwaji suke ba da matsayi biyar: Platinum, Gold, Silver, Bronze da Garbage. Na farko yana nufin tana aiki ba tare da wani gyara ba, na biyu tana aiki sosai bayan ɗan gyara, na ƙarshe kuwa ba ta amfanuwa. A lura da sigar Wine ɗin da aka yi gwajin da ita, domin sakamakon Wine 10 ba hujja ba ne ga mai 5.0.

A dunƙule, ƙanana da tsofaffin manhajoji su ne suka fi dacewa: Notepad++ da 7-Zip da IrfanView, ƙamusoshi da manhajojin karatu na zamanin Windows XP da Windows 7, da Office 2007 ko 2010 a gida mai bit 32, wanda ake ginawa da WINEARCH=win32. Sababbin fitowar Office da na Adobe da na CorelDRAW sukan ba da wahala ƙwarai, manhajojin kantin Microsoft Store kuma ba sa aiki. Idan buƙatar buɗe fayil ɗin CorelDRAW ce kawai, Inkscape da LibreOffice Draw suna karanta shi kai tsaye a Linux, kuma a ganina duk inda akwai manhajar Linux da ta isa aikin, ita ta fi cancanta da wuri a filas.

Idan manhaja ta yi ƙorafin sigar Windows, ana canza ta a winecfg. Wine 8.0 yana gabatar da kansa a matsayin Windows 7, sai daga 9.0 ne ya koma Windows 10.

Manhajata ta ce tana neman .NET. Ina zan samo shi?

Wine yana da madadinsa mai suna Wine Mono, kamar yadda Wine Gecko yake tsayawa a madadin Internet Explorer ga manhajojin da ke nuna shafi a cikinsu. Wine na Debian ba ya zuwa da su, sai an sauke fayil ɗin .msi da ya dace daga WineHQ, misali Mono 7.4.0 ga Wine 8.0, a girka shi da wine msiexec /i tare da sunan fayil ɗin. Idan Mono bai wadatar ba, winetricks, wani ƙaramin mataimakin Wine da ke sashen contrib na fakitocin Debian, yana iya girka ainihin .NET na Microsoft. Duk waɗannan a gidan Wine suke sauka, ba a ƙunshi ba. 

Ni mai gyaran waya ne. Manhajojin ɗora wa waya sabon tsari za su yi aiki?

Mafi yawansu ba za su yi ba, kuma gara a san haka tun kafin a karɓi wayar mutane. Wine yana fassara buƙatun manhaja ne, ba ya ɗaukar direbobin na'ura na Windows, alhali irin waɗannan manhajoji da direban USB nasu suke gane waya, wasu kuma da ɗan makullin da ake sokawa a kwamfuta. Tagar manhajar tana iya buɗewa lafiya, amma ta zauna tana jiran wayar da ba za ta taɓa gani ba, kuma yankewar aiki a tsakiyar ɗora tsari tana iya kashe waya. Abin da ya fi shi ne amfani da adb da fastboot na Linux, kayan aikin magana da wayar Android ta USB, waɗanda suke cikin fakitocin Debian. Na'urorin da Linux yake gani a matsayin /dev/ttyUSB0 kuwa, Wine yana iya nuna su a matsayin tashar COM. Firinta ma haka take: idan an saita ta a Linux ta hanyar CUPS, tsarin kula da firinta na Linux, manhajar Windows za ta gan ta, faifan direbanta na Windows kuwa ba shi da amfani a nan.

Haruffan ƙ da ɗ da ɓ suna fitowa kamar akwatuna. Mene ne magani?

Akwati yana nufin salon haruffan da manhajar ta zaɓa ba shi da harafin. DejaVu, wanda aka saka cikin umarnin girkawa a sama, yana da su duka har da ƴ da ake rubutawa a Nijar, sai a zaɓe shi a cikin manhajar. Wajen bugawa kuwa, Linux yana da tsarin allon rubutu na Hausa, wanda ake kunnawa da setxkbmap -layout ng -variant hausa, kuma Wine yana karɓar abin da aka buga daga nan matuƙar harshen tsarin yana kan UTF-8. Tsofaffin manhajojin da ba su san Unicode ba sukan mai da haruffan alamar tambaya, kuma wannan lahani nasu ne tun a Windows.

Ƙwayoyin cutar kwamfuta na Windows za su iya kama ni ta Wine?

Suna iya yi. Tafinta ba ya tambayar niyyar mai magana, kuma Wine ba shinge ba ne. Harafin Z: a cikinsa yana nuna tushen tsarin Linux gaba ɗaya, saboda haka muguwar manhaja tana iya isa ga duk fayil ɗin da mai kunna ta yake da ikon taɓawa. Cire Z: a winecfg yana rage haɗari amma ba ya kawar da shi. A nan tsarin ƙunshi yana da fa'ida ta zahiri: abin da aka lalata a cikin tsarin yana sauka ne a shimfiɗar canje-canje, tashi sabo fil kuma yana mai da tsarin yadda yake. Amma takardun mutum da ke filas ko a faifan kwamfuta ba su da wannan kariya, kuma idan da root aka kunna manhajar, hatta fayilolin .sb ɗin tana iya goge su.

Komai yana tafiyar hawainiya, wani lokaci kuma saituna suna ɓacewa bayan an ɗauke wuta. Me ke jawo haka?

Galibi filas ɗin ne. USB 2.0 ba ya wuce megabit 480 a daƙiƙa ko a rubuce, USB 3.0 kuwa gigabit 5 ne, kuma filas masu araha sun fi rauni wajen rubuta ƙananan fayiloli masu yawa, wanda shi ne ainihin aikin gidan Wine. Kwamfuta mai wadataccen RAM tana iya tashi da zaɓin toram, ƙunshin duka su koma RAM, buɗe manhaja ya yi sauri sosai.

Ɓacewar saituna kuwa daga rajista take. Wani ɓangare mai suna wineserver ne yake riƙe da ita a RAM, yana rubuta ta lokaci zuwa lokaci da kuma bayan an rufe manhaja ta ƙarshe. Wanda ya zare filas ko wuta ta ɗauke masa kafin nan zai rasa abin da ya canza. A rufe manhajoji, a ba da umarnin wineserver -w domin a jira shi ya kammala, sannan a kashe Slax ta hanyarsa. Kwafin gidan Wine a wani wuri, ko sau ɗaya a wata, ya fi kowace dabara amfani.

Ina buƙatar lasisin Windows?

Ba a buƙata, domin babu rubutun Microsoft a cikin Wine, kuma tun 2002 yana ƙarƙashin lasisin LGPL, wanda ya halatta kwafa da rabawa. Manhajar da aka girka a cikinsa dai tana nan da sharuɗɗan masu ita.

Na haɗa wani ƙunshin daga baya, yanzu apt yana cewa babu Wine, alhali yana aiki. Me ya faru?

Debian yana rubuta sunayen duk fakitocin da aka girka a fayil guda, /var/lib/dpkg/status, kuma kowane ƙunshin da aka haɗa da apt yana ɗauke da nasa kwafin. Tunda na sama ne ake gani, ƙunshin da aka haɗa ba tare da Wine a ƙasansa ba zai rufe labarin Wine, ko da yake fayilolinsa suna nan daram. Maganin shi ne a riƙa haɗa kowane sabon ƙunshi alhali na baya suna kunne, a kuma ba shi lambar da ta fi tasu.

Yaya ake sabunta ƙunshin, ko a cire shi gaba ɗaya?

Ba a gyara ƙunshi a inda yake, sabo ake haɗawa. A tayar da Slax ba tare da tsohon ba, ta hanyar ƙara noload=10-wine a layin tashi, a maimaita matakan da suka gabata, a ajiye tsohon a gefe har sai an gwada sabon da manhajojin da ake aiki da su. Kafin gwajin a kwafi gidan Wine, domin sabuwar siga tana sabunta shi da kanta a kunnawar farko, kuma komawa baya da gidan da aka riga aka sabunta ba abin dogaro ba ne.

Cirewa ta fi sauƙi. Idan ƙunshin yana cikin slax/modules, a fitar da shi a sake tashi. Idan da slax activate aka kunna shi, a tsayar da duk abin da ke gudana da wineserver -k, sannan a ba da slax deactivate tare da sunansa, domin ba ya sauka matuƙar akwai fayil ɗinsa da ke buɗe. Gidan Wine zai ci gaba da zama a inda aka ajiye shi, da manhajojinsa da rajistarsa, har sai an goge shi da hannu ko an dawo da ƙunshin.